Murfin Rijiyar Gidanmu

A gidanmu rijiya ɗaya ce, amma gidan biyu ne. Katanga ta taso daga ƙofar gida ta ratsa tsakar gida, da ta iso bakin rijiya sai ta tsaya, ta tsallake ramin, ta ci gaba daga wancan gefen har garken awaki. Mu muna gabas, ni da Inna da Baba. Baffa, ƙanin Baba ciki ɗaya, yana yamma shi kaɗai. Baƙo in ya shigo sai ya tsaya ya ƙare wa ginin kallo, ya tambayi wane magini ne ya yi wannan aika-aika. Ba mai ba shi amsa, don Baba ne ya gina ta da hannunsa.

Ni na san gidan tun babu katanga, kuma har yau in na rufe ido wancan gidan nake gani. Tsakar gida ce mai faɗi, wadda yaro zai yi gudu a cikinta har ya gaji. Ga bishiyar lemun tsami dab da rijiya, ga igiyar shanya daga lemun zuwa ginshiƙin rumfa, ga murhun Inna a inuwa, kaji suna bi ta tsakanin ƙafafun mutane kamar su ma suna da gado a gidan. Da yamma Baba da Baffa sukan dawo daga gona tare, su zauna a tabarma ɗaya su ci a kwano ɗaya, suna gardama a kan ko gobe za a yi ruwa. Baba ba mai yawan magana ba ne. Baffa kuwa bakinsa ba ya hutawa. Shi ya raɗa mini suna Barkono, wai tun ina goye nake da yaji. Ƙanena kuma ya sa masa Tsako, saboda duk inda ka juya yana bayanka yana tangaɗi.

Tsakanin Baffa da Inna kullum ana cikin tsiya. In ya ɗanɗana miyarta sai ya ce, matar yaya, mai gishiri ya yi ƙaura daga garin ne? Ita kuma ta kira shi Mai Kafaɗa Ɗaya, ta ce tana nan tana jiran ta ga matar da za ta yarda da rabin miji. Kafaɗarsa ta dama ce ba ta aiki sosai, in ya ɗaga hannun ba ya wuce ƙirjinsa. Shi yake fara yi wa kansa dariya a kai, shi ya sa ba wanda ya ɗauki abin a bakin komai.

Murfin rijiyar ƙofar baya ce ta wata tsohuwar motar ɗaukar kaya, kakanmu ya samo wurin maƙeri. Nauyinsa sai wanda ya taɓa. Inna da tsohuwar taɓarya take zungurar sa har ya ba ta hanyar guga. Baffa da ƙafa yake tura shi, ƙarfen ya gogi simintin bakin rijiya ya yi wata ƙara mai sa haƙori tsami, har maƙwabta su san Baffa na jan ruwa. Baba kuwa ba ruwansa da wannan wahala. Hannu biyu yake sawa ya ɗaga shi cak, ya jingina da lemun, ko nishi ba ya yi. Ni da Tsako mu yi ta tafi, Inna ta yi ta mitar zai kashe mata bishiya, don ƙarfen har ya yi wa ɓawon tabo.

Ranar da abin ya faru an aike ni injin niƙa. Da na dawo da gari a ka, na tarar da takalma a ƙofar gida fiye da yadda na taɓa gani. An riga an fito da Tsako daga rijiya, an lulluɓe shi da zanen Inna. Ita tana zaune a ƙasa, ba kuka take ba, tambaya ɗaya take ta maimaitawa: wa ya bar rijiya a buɗe? Baba yana tsaye jikin rumfa, rigarsa sharkaf, don shi ya shiga ya ɗauko yaron. Bai ce uffan ba. Can sai Baffa ya matso, ya durƙusa a gabanta ya ce, “Ni ne.”

Daga ranar Inna ba ta ƙara furta sunansa ba, na gaskiya ko na tsokana. In ta kama dole sai ta ce “na yamma”. Ta gaya wa Baba ko dai ya raba ta da ganin fuskar mutumin nan, ko ta koma gidansu. Kafin damina ta faɗi katanga ta tashi. Rijiyar ce ta ƙi rabuwa, sai aka raba mata lokaci ba tare da wani ya faɗa da baki ba: safiya tamu, bayan la'asar tasa. Da ƙarfe ya yi ƙara da yamma, Inna za ta tattara abin da take yi ta shige ɗaki. Kullum sai Baffa ya yi sallama ta wannan giɓi na bakin rijiya, kullum kuma ba mai amsawa. Yarinyar da yake nema iyayenta suka ce sun fasa, wai wanda bai iya tsare ɗan wansa ba ina zai tsare nasa. Bai sake neman wata ba.

Tun da ya gama katangar, Baba bai ƙara kusantar rijiya ba har ya koma ga Allah. Ko ruwan alwala sai dai a ɗebo masa. Mutane suka ce baƙin ciki ne, ni ma haka na ɗauka, na kuma ƙara ƙaunarsa saboda hakan. Uba ne mai sanyin hali, bai taɓa ɗaga mini murya ba. Shi yake raka ni bakin titi in zan koma makaranta, ya tsaya har motar ta ɓace. Gonarsa da ta Baffa kunya ɗaya ta raba su, amma haka suke wuni a sunkuye ba mai ce wa wani sannu. Ni kuwa na taya Inna ƙiyayya iyakar ƙarfina. Sai dai lokacin gwaiba Baffa yakan ajiye 'yan nunannu a bakin rijiya ta gefenmu, ni kuma in faki ido in kwashe. Ƙiyayya daban, gwaiba daban.

Inna ba ta yawan ba da labarin ranar, amma in ya zo bakinta kalmomin ba sa canzawa. Tana kwance a ɗaki da ciwon kai, ba ta ji komai ba, ta fito ta ga murfi a jingine da lemu, ta ga takalmin Tsako ɗaya a bakin rijiya. Na ji wannan tun ina 'yar firamare har na yi aure, na haifi nawa 'ya'yan, na buɗe shagon ɗinki a birni. Maganar ta shiga kunnena ta zauna, amma ban taɓa juya ta na duba bayanta ba.

Baba ya rasu farkon daminar bana, shekara talatin da 'yan kai bayan tashin katangar. An ce a wurin binnewa Baffa can baya ya tsaya kamar ɗan rakiya. Da baƙi suka watse na zauna in ɗan taya Inna zama. Wata yamma na ji ƙarar murfi, amma ba kamar yadda na san ta ba. Ta yi, ta tsaya, ta sake yi. Na leƙa ta giɓin, sai na ga Baffa ya zama tsoho ramamme, idanunsa sun yi fari da yana, yana lalubar bakin rijiya da ƙafa, hannunsa na hagu a naɗe da tsumma inda wuta ta ƙona shi. Ana cewa bakin rijiya ba wurin wasan makaho ba ne, ga shi a gidanmu makaho na zuwa bakinta kowace rana.

Na sami Inna tana tsintar wake a faranti, na ce mata a fasa ƙofa a katangar nan, a riƙa zuba wa Baffa daga tukunyarmu. Na ce ni dole in koma, ɗinkin mutane na jirana, kuma in na tafi a haka, ko yunwa ta gama da shi ko rijiyar nan ta ci mutum na biyu a gidan. Na jawo mata haƙƙin zumunci, na jawo mata lahira, ba abin da ban jawo ba. Ko kai ba ta ɗago ba. Ta ce wanda ya ci mata ɗa ba zai ci daga tukunyarta ba, in kuma na gaji da zaman gidan, hanyar tasha ba ta ɓata ba.

Ni ma ai 'yarta ce, taurin kan ba a ƙasa na tsince shi ba. Washegari da rana na zuba abinci a kwano, na fita ta ƙofarmu na zagaya ta tasa. Rabona da wannan ɓangare tun ina da giɓin haƙora irin na yara, ga shi ashe rabin ƙuruciyata a can aka rufe. Reshen da yake ɗaura mana lilo yana nan, har da guntun igiyar. Turmin da Tsako yake ɓuya a bayansa yana nan a kife, gara ta ci gindinsa. A ɗakin kuwa gado ne ɗaya, da rediyo marar batir, da tukunyar da ta ƙone har ta huje. Ina yin sallama ya ɗago kai ya ce, “Barkono ce?”

Ya ci abincin yana sa albarka, yana tambayar 'ya'yana ɗaya bayan ɗaya. Ashe duk ya san su, ta kan katanga yake jin muryoyinsu in mun zo hutu. Na ga rigarsa ta yage a hammata, hannun tela kuwa ba ya ganin yagewa ya haƙura, sai na karɓa na ɗinke masa nan take. Wajen mayar masa da ita ne hannun daman ya ƙi ɗaguwa, sai da na tanƙwara rigar na bi da shi a hankali. Ya yi dariya irin tasa ta da, ya ce wannan kafaɗa tun ranar da keken shanu ya danne shi, kafin ma a kawo Inna gidan, ko buhun ƙaiƙayi ba ta taɓa ɗagawa ba.

Na tsaya riƙe da hannun rigar. Abin da na ji sau ba adadi ya dawo mini: ba ta ji komai ba, ta fito ta ga murfi a jingine da lemu. Ga shi Baffa mutum ne da in ya buɗe rijiya har maƙwabta sai sun ji.

Na ce, “Baffa, wa ya jingina murfi da lemu?”

Ya fara kame-kame, wai tsufa ya cinye masa ranar, wai a bar kaza cikin gashinta. Amma shi ya sa mini Barkono, ya san ba zan saki ba. Daga ƙarshe ya faɗa, a hankali, fuskarsa na kallon ƙofa. Baba ne ya buɗe zai shayar da sa, sai aka ƙwala masa kira cewa san ya tsinke igiya ya faɗa gonar maƙwabta, ya fita a guje. Shi ke nan, ba wani abu bayan wannan. Shi Baffa yana gona ma, ihu ne ya dawo da shi. Ya ce da ya shigo ya kalli fuskar wansa, ya kalli ta Inna, ya san in gaskiya ta fito a ranar gidan ya watse. Shi kuwa ba mata, ba ɗa, sai ya ga asararsa ta fi araha. A zatonsa shekara ɗaya ko biyu ce, zuciyarta ta huce, wansa ya gaya mata da kansa.

Na tambaye shi ko Baba ya taɓa ce masa wani abu. Ya ce kowace damina yakan je gona ya tarar an nome masa kunyoyin da ke kusa da na Baba, iyakar maganarsu ke nan. Sannan ya lalubo hannuna ya riƙe.

“Kar ki gaya mata. Mijinta ta binne, kar ki sa ta sake binne shi.”

Na fito ina jin haushin Baba, haushin da ban taɓa sanin ina da irinsa ba, ga shi kuma ba inda zan same shi in zazzage masa. Mutumin da yake tsayawa a bakin titi har motata ta ɓace, shi ne ya kwaɓa ƙasa ya gine ƙaninsa a bayan katanga. Na rasa inda zan sa kaina. In na yi magana na kashe wa Inna miji karo na biyu, in na yi shiru Baffa ya mutu a bayan ginin nan da laifin da ba nasa ba.

Na daure kwana biyu, abin da duk wanda ya san ni zai ce na yi ƙoƙari. Ran nan da safe muna bakin rijiya, Inna ta zunguri murfi da taɓarya ta zura guga, sai ta ce ta ji labarin inda nake kai mata kwanuka, kada in sake. Ban san sanda bakina ya kuɓuce ba.

“Inna, mutumin da ko riga ba ya iya sawa shi kaɗai, shi ya ɗaga ƙarfen nan ya jingina da lemu?”

Na zaci za ta faɗi, har na miƙa hannu in tare ta. Ita kuwa ta ci gaba da jan igiya, ta fito da guga, ta juye a bokiti, ko ɗigo bai zuba a ƙasa ba.

“Kin ɗauka ke kika fara lura?” in ji ta. “Wa ya yi ta mita a kan tabon bishiyar nan? Tun kafin in ga takalmin na san hannun da ya ajiye murfin.”

Ta ce tambayar da ta yi ta yi a ranar ba don ba ta sani ba ne, so take ya faɗa da bakinsa. Da ya faɗa, ko ta yi kuka a ƙirjinsa ko ta tattara kayanta, ita ma ba ta sani ba. Amma ya yi shiru, ƙaninsa ya miƙo wuya, ita kuma ta karɓa. Ta ce duk sanda ta ba da labarin murfi a jingine da lemu, in na tuna da kyau, Baba yana wurin. Don shi take faɗa. Ta jira shi har ranar da aka fita da shi daga gidan.

“Da wa zan kwana ɗaki ɗaya? Da wa zan raine ki? Dole in ƙi wani, ko in haukace. Sai na ƙi wanda za a iya yi wa katanga.”

Na ce to yanzu Baba ya tafi, katangar wa take tsarewa? Ta miƙo mini taɓarya ta ce in rufe rijiya, ta ɗauki bokitinta ta wuce.

Haka muka wuni. Ni ina rumfa ina haɗa kayana, ita tana kan kujerarta 'yar tsugunno da farantin wake. Bayan la'asar ƙarfe ya fara ƙara. Inna ta tattara farantin ta miƙe kamar kullum, amma ba ta nufi ɗaki ba, ta tsaya a inda take. Sallamar ta zo ta giɓin, a gajiye, irin ta wanda ya daɗe da daina jiran amsa. Sai na ji Inna ta amsa.

Ƙarar ta tsaya. Baffa ya ce, “Barkono?”

“Ba ita ba ce, Mai Kafaɗa Ɗaya.”

Ya tsaya da guga a hannu. Sai ya yi mata gaisuwar rashin mijinta, ya yi wa mamacin addu'a, sannan ya shiga roƙonta ta yafe masa abin da ya yi mata. Har yanzu yana riƙe da laifin da ya ɗora wa kansa. Inna ta ƙarasa bakin rijiyar ta katse shi.

“Bari. Tun da aka kawo ni gidan nan ban taɓa ganin ka ɗaga murfin nan ba. Na sani tun ranar.”

Ya lalubi simintin ya zauna. Fararen idanunsa na kallon wajen lemun da ba ya gani. Ni na ɗauka kuka zai yi, ko ya tsine mana gaba ɗaya, kuma da ya yi ba zan ga laifinsa ba. Amma da ya yi magana muryarsa ba ta ko tashi ba.

“To ai da kin riƙa amsa mini sallama, matar yaya.”

Inna ta zare gugan daga hannunsa ta ja ruwa ta cika masa bokiti, ta sa taɓarya ta mayar da murfin. Sannan ta ɗauki bokitin, ta taka ta kan ƙarfen ta tsallaka yamma. Jim kaɗan na jiyo ta tana kirana in kawo tsintsiya, in kuma sauke tukunya in zubo abinci.

Da na kawo, tana can cikin ɗakinsa tana shara, ƙura na fitowa ta ƙofa. Shi yana nan zaune inda yake a bakin rijiya. Na ajiye masa kwanon a cinya, na sa masa cokali a hannun hagu. Miyar ranar ni kaina na ji ba gishiri, don hankalin Inna ba ya jikinta sanda ta girka. Na tsaya a kansa ina jira, Inna ma na ji tsintsiyarta ta tsaya. Ya cinye tas, ya yi hamdala, ya miƙo mini kwanon, bai ce komai a kan gishiri ba.